Ƙagaggen Labari da Neman Jin Daɗin Rayuwa: Sharhi a kan Nazarin Lauren Berlant

1.0 Gabatarwa

Tun da daɗewa masu nazarin adabi suka lura da cewa ƙagaggen labari ya fi gwaninta wajen bayyana wahala a kan bayyana jin daɗi. Muddin tauraro yana cikin nema da faɗi-tashi, labari yana tafiya, amma da zarar ya sami abin da ya fita nema sai marubuci ya ajiye alƙalami. Tatsuniya ma haka take, domin kuwa ba ta daɗewa bayan ɗaurin aure ko naɗin sarauta sai a ji ƙurunƙus. Watau farin ciki ya zama tamkar bakin iyaka, ana nuna shi daga nesa don a ja hankalin mai karatu, amma ba safai ake shiga cikinsa a zauna ba.

Daga ƙarshen ƙarni na 20 sai batun farin ciki ya fita daga hannun masu falsafa da marubuta, ya koma abin aunawa da ƙidayawa. A 1998 Martin Seligman, yana shugaban ƙungiyar masana halayyar ɗan Adam ta Amurka, ya yi kira da a mai da hankali ga binciken abin da ke sa mutum ya ji daɗin rayuwarsa. A 2005 masanin tattalin arziki Richard Layard na Ingila ya wallafa littafi yana neman gwamnatoci su riƙa auna nasararsu da farin cikin talakawansu. A 2012 kuma aka fitar da rahoton farko mai auna farin cikin ƙasashen duniya. Masu nazarin adabi da al'adu ba su karɓi wannan yayi hannu bibbiyu ba. Littattafai biyu da suka fi fice wajen tuhumarsa su ne The Promise of Happiness na Sara Ahmed, na 2010, da Cruel Optimism na Lauren Berlant, na 2011.

Manufar wannan maƙala ita ce ta duba aikin Berlant, ta fito da hanyar da ta bi wajen karanta ƙagaggun labarai na wannan zamani, sa'an nan ta auna ƙarfin wannan hanya da rauninta. Abin da za a nuna shi ne, Berlant ta kawo tambaya mai amfani ƙwarai ga mai nazarin zubin labari, amma hukuncin da ta ɗora a kan tambayar bai tsaya da ƙafafunsa a ko'ina ba.

2.0 Marubuciyar da Ayyukanta

An haifi Lauren Berlant a Amurka a 1957. Ta yi digirinta na uku a Jami'ar Cornell, ta kuma koyar da adabin Ingilishi a Jami'ar Shikago tun daga 1984 har zuwa rasuwarta a 2021. Littafinta na farko, na 1991, a kan marubucin ƙarni na 19 ne, Nathaniel Hawthorne, da yadda adabi ke ƙulla wa mutane mafarkin zama 'yan ƙasa ɗaya. A 2008 ta fitar da The Female Complaint, inda ta bi diddigin labaran sosa zuciya da aka rubuta domin mata a Amurka. A nan ta lura da wani abu wanda shi ne tushen aikinta na gaba: waɗannan labarai cike suke da koke a kan yadda soyayya da aure ke ba mata kunya, amma duk da haka ba su taɓa yanke ƙauna daga soyayya da auren ba. Mace takan yi kuka da mijinta, labarin kuwa ya rarrashe ta da cewa laifin na wannan mijin ne kurum, alkawarin auren yana nan daram.

Cruel Optimism shi ya faɗaɗa wannan lura har ta game rayuwa baki ɗaya. Berlant ta ɗebi ra'ayi daga Marx game da jari da ƙwadago, ta ɗebi na Freud game da yadda zuciya ke maƙale wa abu. Ta kuma bi sawun Raymond Williams, wanda ya nuna cewa kowane zamani yana da yadda mutanensa ke jin rayuwa a jikinsu tun kafin su iya furta shi da baki, kuma a cikin adabi ake fara ganin alamarsa.

3.0 Ma'anar Tsammani Mai Cuta

Fassara sunan littafin zuwa Hausa yana da wuyar sha'ani. In aka ce mugun fata an kauce, domin a Hausa mugun fata shi ne yi wa wani fatar sharri. In aka ce dogon buri an ɗora wa mai shi laifin haɗama, alhali Berlant ba wa'azi take yi ba. Saboda haka a wannan maƙala an zaɓi a ce tsammani mai cuta, ganin cewa kalmar cuta ta haɗa ciwo da zalunci da yaudara a wuri ɗaya.

A ganin Berlant, duk wanda ya maƙale wa wani abu, mutum ne ko aiki ko aƙida ko irin abinci, ba abin kansa kaɗai yake riƙo ba. Yana riƙe ne da tarin alkawuran da yake zaton abin zai cika masa. Wannan maƙalewa ita take nufi da tsammani, kuma ba dole ne ta zo da murna ba, tana iya zuwa da fargaba ko gajiya ko fushi. Tsammanin yakan zama mai cuta ne a lokacin da abin da aka sa wa rai ya zama shi ne ke tare hanyar samun abin da aka je nema wurinsa. Alal misali, ma'aikacin da ke kashe lafiyarsa a kan aikin da ya kama domin ya rayu cikin lafiya, ko matar da ke zaune cikin ƙunci a gidan da ta shiga domin samun kwanciyar hankali.

Abin da ya bambanta wannan ra'ayi da tsohuwar maganar cewa talaka ruɗaɗɗe ne shi ne bayanin dalilin da ke hana sakin abin. Berlant ta nuna cewa sau da yawa mutum ya san abin yana cutarsa. Sai dai kuma wannan abin shi ne ginshiƙin da ya ɗora fahimtarsa ta kansa da ta duniya a kai, in ya sake shi bai san ko wane ne zai zama gobe ba. Ke nan rabuwa da abin ta fi zama da shi ban tsoro.

Berlant ta ɗaure wannan da tarihi. Bayan Yaƙin Duniya na Biyu, ƙasashen Yammacin Turai da Amurka sun yi wa jama'arsu alkawarin kyakkyawar rayuwa: tabbataccen aiki, da ɗa ya fi ubansa samu, da daidaito a gaban hukuma, da zaman iyali mai ɗorewa, da sakamako gwargwadon ƙoƙari. Daga shekarun 1970 zuwa 1980 tsarin tattalin arzikin da ke ɗauke da wannan alkawari ya fara zaizayewa, masana'antu suka rufe ko suka ƙaura, aikin wucin gadi ya yawaita. Amma mafarkin bai mutu tare da abin da ke ɗauke da shi ba. Tambayar littafin ita ce: yaya mutane ke rayuwa a tsakanin mafarkin da bai mutu ba da duniyar da ta daina cika shi, kuma wane irin labari ne ke iya ɗaukar wannan hali?

4.0 Yadda Ta Karanta Labarai

4.1 Dukiyar da Ta Zama Kurkuku

Misalin da ya fi fito da ra'ayin a fili shi ne gajeren labarin Charles Johnson mai suna Exchange Value, wanda ke cikin tarin labaransa na 1986. Wasu samari biyu baƙar fata, wa da ƙane, Loftis da Cooter, suna zaune cikin talauci a kudancin birnin Shikago bayan rasuwar iyayensu. Suka fasa ɗakin wata tsohuwa maƙwabciyarsu wadda kowa ya sani da bara, sai suka tarar ta mutu, ɗakin kuwa maƙare da dukiyar da ta gada daga Turawan da ta yi wa aikatau, ba ta taɓa ci ba. Suka kwashe dukiyar zuwa ɗakinsu.

A tsohon zubi, nan ne labari zai juya zuwa jin daɗi, ko kuwa zuwa hukuncin sata. Johnson bai bi ko ɗaya ba. Cooter ya fita ya ɗan kashe kuɗi, ya dawo bai ji daɗin da ya zata ba, wansa kuma ya yi masa faɗa. Hujjar Loftis ita ce, kuɗi a ajiye yana iya zama kome, amma da zarar an kashe shi ya koma abu ɗaya tak. Daga nan ya shiga ƙara makullai, ya hana taɓa kome, har ya fara zama irin tsohuwar da suka yi wa sata.

Berlant ta karanta wannan da basira. Ta nuna cewa samarin sun tashi a cikin duniyar da ta koya musu sa rai ga dukiya, amma ba ta taɓa koya musu zama da ita ba. Abin da suka saba da shi shi ne jira. Da abin ya zo hannu, hanya ɗaya da ta rage ta kare mafarkin ita ce a hana shi zama gaskiya, domin gaskiyar ba za ta taɓa kai girman mafarkin ba. Rowar Loftis a nan tsaron tsammani ce, kuma tsammanin ne ya ci rayuwarsa.

4.2 Ci da Ƙoshi

Babi guda ta ware wa littafin Mary Gaitskill na 1991, Two Girls, Fat and Thin. Taurarinsa mata biyu ne, Dorothy mai ƙiba da Justine siririya, waɗanda dukansu aka ci zarafinsu tun suna yara. Dorothy ta sami mafaka a cikin ci da kuma koyarwar wata malamar falsafa mai ɗaukaka son kai da ƙarfin hali, wadda Gaitskill ta ƙaga bisa siffar Ayn Rand. Justine kuwa ta riƙa kai kanta ga maza masu wulaƙanta ta. Sun haɗu ne a lokacin da Justine ke tattara bayani domin rubuta wa jarida labarin wannan malama. A ƙarshe Dorothy ta je gidan Justine a fusace saboda abin da ta rubuta, sai ta tarar wani namiji yana azabtar da ita, ta kore shi, su biyun suka kwanta barci ya ɗauke su.

Mai karatu da ya saba da labarin waraka zai so ya ɗauki wannan ƙarshe a matsayin tsira. Berlant ta ƙi yarda da haka. Ta nuna cewa Gaitskill ba ta yi alkawarin gobe ba, abin da ta bayar shi ne hutu na dare ɗaya. Haka nan ta ƙi ɗaukar cin Dorothy a matsayin ciwo kurum ko tawaye kurum. A wurinta, ci wata hanya ce da mutum ke samun ɗan sarari daga nauyin zama shi kansa. Wannan ya haɗu da wani babin nata inda ta yi magana a kan abin da ta kira mutuwa a sannu, watau yadda aikin yau da kullum ke cinye jikin talaka kaɗan-kaɗan, har abin da yake samun sauƙi da shi ya zama yana cikin abin da ke rage masa kwana.

4.3 Zubin Cijewa

Gudummawar Berlant mafi girma ga nazarin adabi tana wajen zubi. A wurinta, kowane nau'in labari alkawari ne tsakanin marubuci da mai karatu game da yadda abubuwa za su kasance. Labarin tasowar yaro ya yi alkawarin cewa wahala za ta zama ilmi. Labarin soyayya ya yi alkawarin cewa rabuwa za ta zama aure. Labarin masifa ma ya yi alkawarin cewa akwai wata rana guda da kome ya rushe, wadda za a iya nunawa da yatsa. To, idan rayuwa ta daina tafiya bisa waɗannan alkawura, dole zubin labari ya sake.

Abin da ta gani a labaran da aka rubuta daga 1990 zuwa gaba shi ne abin da za a iya kira cijewa, kamar motar da ta faɗa yashi, injin yana ruri, taya tana juyawa, amma ba gaba ba baya. Rikici ya daina zama abin da ke aukuwa rana ɗaya, ya zama jiki. Ta kawo The Intuitionist na Colson Whitehead, na 1999, wanda tauraruwarsa Lila Mae Watson ke aikin duba lafiyar na'urar hawa da mutane saman dogayen benaye, kuma da jin jikinta take gane lahani. Ta haɗa shi da Pattern Recognition na William Gibson, na 2003, wanda tauraruwarsa Cayce Pollard ke cin abinci da saurin gane tambarin da zai karɓu a kasuwa, mahaifinta kuwa ya ɓace ranar harin 11 ga Satumba 2001. Dukansu biyu suna rayuwa ne da lalube, domin tsofaffin ƙa'idojin fahimtar duniya sun daina aiki, sai abin da jiki ya ji kafin hankali ya ba shi suna.

Ba ta tsaya ga rubutaccen labari ba, ta shiga silima. A fim ɗin Rosetta na 1999, na 'yan'uwan nan biyu na Beljiyam, Jean-Pierre da Luc Dardenne, wata budurwa da ke zaune da uwa mashayiya a ɗakin mota a bayan gari tana neman aiki ido rufe. Mutum ɗaya ne ya nuna mata ƙauna, wani saurayi mai sayar da wata irin waina, amma sai ta kai ƙararsa wurin maigidansa domin ta gaji aikinsa. Berlant ta lura cewa Rosetta ba arziki take nema ba. Burinta ta zama kamar kowa, ta tashi da safe tana da wurin zuwa. Mafarkin ya ƙanƙance har ya koma neman a yarda a ci guminta, kuma a kan wannan ɗan abin ta sayar da abota. Bahaushe yana da kalmar da ta fi farin ciki dacewa da abin da Rosetta ke nema, ita ce rufin asiri.

5.0 Inda Nazarin Ya Yi Rauni

Rauni na farko na salo ne. Jumlolin Berlant dogaye ne masu sarƙaƙiya, takan ƙirƙiro kalma ta yi aiki da ita kafin ta bayyana ta, har ɗalibi ya karanta shafi sau uku bai tabbatar da abin da aka ce ba. Wannan ya sa sunan littafin ya yi yawo fiye da abin da ke cikinsa, mutane da yawa suka mai da shi lakabin da ake liƙa wa kowane irin rashin sa'a.

Rauni na biyu ya fi wannan nauyi, shi ne na zaɓen misalai. Kusan duk labaran da ta ɗauko na mutanen da suka cije ne. Ita kanta ta yarda cewa ba kowane tsammani ne mai cuta ba, amma ba ta zauna ta feɗe labari ko ɗaya wanda a cikinsa riƙo da fata ya kai mai shi ga tudun mun tsira ba. Da yake babu abin kwatantawa, mai nazari ba shi da ma'aunin da zai raba tsammani mai cuta da juriya mai amfani tun labari bai ƙare ba. Sai bayan an ga ƙarshe ake yanke hukunci, wannan kuwa ba ya buƙatar wata hanyar nazari.

Na uku, kalmar cuta tana ɗauke da zaton cewa an san abin da ci gaban mutum yake, har aka gane an tare shi. Wa ya san wannan, mai nazari ko mai rayuwar? Ma'aunin Berlant na duniya ne zalla: lafiyar jiki da sararin zuciya da 'yancin kai. Ga al'ummar da ke ɗaukar haƙuri a matsayin ibada mai lada bayan mutuwa, lissafin riba da hasara bai ƙare a inda labari ya ƙare ba. Mai nazari yana da damar ya ƙi yarda da wannan lissafi, amma ba shi da damar ya yi kamar babu shi, alhali taurarin labarin da masu karanta shi da shi suke auna kome.

Na huɗu, tarihin da ta ɗora nazarin a kai na wani yanki ne na duniya. Ta faɗa da kanta cewa rashin tabbas tsohon abu ne ga talaka, sabon abin shi ne yadda ya hau kan masu matsakaicin hali. Amma wannan yana nufin cewa samarin labarin Johnson, waɗanda ba a taɓa yi wa iyayensu wannan alkawari da gaske ba, ba su shiga tarihin da aka kawo su su yi wa shaida ba sai da gyara.

6.0 Gwaji a kan Labarin Hausa

Hanya mafi sauƙi ta gane iyakar ra'ayi ita ce a gwada shi a wurin da ba domin shi aka gina shi ba. A Nijeriya ma an yi zamanin alkawari: kuɗin man fetur na shekarun 1970, da ƙarin albashin Udoji, da shirin ba da ilmin firamare ga kowa na 1976, sun sa an ɗauka cewa takardar makaranta ita ce mabuɗin aikin gwamnati da rufin asiri. Shirin tsuke bakin aljihu na 1986 ya karya wannan zato. A daidai wannan lokaci ne, da manyan kamfanonin ɗab'i suka yi sanyi, adabin kasuwar Kano ya bunƙasa, jigonsa mafi yawa kuwa soyayya da zaman aure.

Littafin Balaraba Ramat Yakubu na 1990, Alhaki Kuykuyo Ne, ya dace da gwajin. Alhaji Abdu, ɗan kasuwa, ya auro Delu, ya saki uwargidansa Rabi, ya kore ta da 'ya'yanta tara. Rabi ta kama sana'ar sayar da abinci, ta riƙe 'ya'yanta, ta aurar da 'yarta Saudatu ga wani attajiri. Shi kuwa Alhaji Abdu gobara ta cinye dukiyarsa, amaryar ta ci amanarsa. Da ya rasa tudun dafawa sai ya nemi kome, maza daga dangin Rabi da surukinta suka matsa mata har ta koma.

In an duba zubi, labarin ya cika tsohon alkawari: azzalumi ya ga sakayya, gida ya sake haɗuwa. Amma tambayar Berlant tana tono abin da zubin ya binne. Wa ya ji daɗi a wannan ƙarshe? Mai karatu ya ga Rabi ta fi samun sarari a lokacin da take waje, ya kuma ga ba da son ranta ta koma ba. Marubuciyar ta ba da ƙarshen da aka saba, ta kuma bar ɗacinsa a bakin mai karatu. Sakayya ta samu, farin ciki bai samu ba, kuma hanyar Berlant ta taimaka wajen raba waɗannan biyu da ake yawan haɗawa a sharhin labaran Hausa.

Sai dai a nan ne kuma hanyar ta gaza. Tsammani mai cuta, yadda Berlant ta bayyana shi, maƙalewar mutum ce ga abin da ke cutarsa. Rabi kuwa ta riga ta saki, ta kuma rayu. Waɗanda suka maƙale wa auren su ne danginta, waɗanda a ganinsu matar da ke zaune ba miji asirinta a buɗe yake ko da tana ci da kanta. Watau tsammanin na wasu ne, cutar ta wata ce. Wannan ya fi kusa da abin da Sara Ahmed ta nuna, cewa sau da yawa farin ciki wajibi ne da ake ɗora wa mutum domin hankalin wasu ya kwanta. Haka nan kalmar haƙuri da ake ba mace a irin wannan hali tana da fuska biyu, tana iya zama ƙarfin zuciya da ta zaɓa wa kanta, tana kuma iya zama takunkumin da aka sa mata. A. H. M. Kirk-Greene, a laccarsa da aka buga a 1974 a kan mutumin kirki, ya lissafa haƙuri cikin siffofin da Hausawa ke auna mutum da su. Nazarin da ba zai iya bambance haƙurin da mutum ya yi da haƙurin da aka ba shi ba, bai gama karanta labarin Rabi ba.

7.0 Kammalawa

An ga cewa Berlant ta mai da batun farin ciki daga tambayar nawa mutum ya samu zuwa tambayar me ya riƙe, kuma me riƙon ke ci masa. An ga kuma yadda ta danganta wannan da zubin labari, ta nuna cewa ƙarshen da bai warware kome ba yana iya zama shaida a kan zamaninsa, ba kasawar marubuci ba. Karatun da ta yi wa labaran Johnson da Gaitskill zai daɗe yana amfani.

An kuma ga cewa hukuncin cuta yana buƙatar ma'aunin da littafin bai bayar ba, kuma an gina shi a kan mutum ɗaya da abin da yake so, alhali a labarai da yawa dangi da unguwa ne ke sa rai a madadin mutum. Saboda haka abin da ya kamata ɗalibin adabin Hausa ya ɗauka daga Berlant shi ne tambayoyin, ya riƙa yi wa kowane labari su: wane alkawari zubinsa ya yi, wa ya sa rai, wa ya biya kuɗin sa ran? Akwai ɗaruruwan littattafan soyayya da na zaman aure da aka buga a Kano tun daga shekarun 1980 waɗanda suka ƙare da biki ko da kome, kuma mafi yawansu ba a yi musu wannan tambaya ba tukuna.